Kwana biyar da rabi daga Nenana zuwa Nome: yadda karnuka suka kai makarin mashaƙo a 1925

Daren 27 ga Janairun 1925 jirgin ƙasa ya tsaya a tashar Nenana, wani ɗan gari da ke tsakiyar Alaska. Kwandasta ya sauko rungume da wani ƙunshi mai nauyin kilo tara, an naɗe shi da bargo saboda kada abin da ke ciki ya fashe. Ya miƙa wa wani mutum mai suna Bill Shannon, wanda tun ɗazu yake tsaye da karnukansa tara yana jira. Sanyin daren ya kai digiri 46 ƙasa da sifili a ma'aunin Salshiyos, kuma ƙara sauka yake yi. Shannon ya ɗaure ƙunshin a kan keken ƙanƙararsa, ya yi wa karnuka magana, suka ja.

Abin da ke cikin ƙunshin makarin dafin cutar mashaƙo ne, kuma inda za a kai shi, garin Nome, yana da nisan kilomita 1,085 daga nan. Babu titi, babu layin dogo. Masu kai wasiƙu da karnuka sukan yi kusan kwana 25 a wannan hanya. A wannan karon mutum 20 da karnuka wajen 150 suka yi ta cikin awa 127 da rabi.

Yau idan baƙi masu yawon buɗe ido suka biya kuɗi a Alaska, ko a arewacin Norway da Suwidin, don a fita da su daji kwana huɗu ko mako guda a kan keken karnuka, da wuya a kwana biyu a bukka jagoran tafiya bai ba su wannan labari ba. Yawanci da sunan kare ɗaya ake ba da shi. Ni kuwa abin da ya fi ja mini hankali shi ne yadda aka yi aka samu mutum 20 a jere a cikin daji, kowa a zangonsa, karnukansa a ƙoshe, cikin kwana biyu ko uku da yin shela.

Garin da teku ta rufe

Zinariya ce ta kafa Nome. A 1900 mutane sun kai dubu ashirin a bakin tekun suna tankaɗe yashi. Zuwa 1925 kasuwar ta ci ta watse, saura mutum kamar 1,400 a cikin gari, wajen kashi ɗaya cikin uku 'yan asalin ƙasar ne, sai kuma ƙauyuka da sansanoni a kewaye. Garin yana gaɓar Tekun Bering, dab da da'irar Aktik. Daga wajen Nuwamba teku takan daskare, jirgin ruwa ba ya sake zuwa sai tsakiyar shekara mai zuwa. Abin da jirgin ƙarshe bai kawo ba, sai dai a haƙura ko a jira karnuka.

Likita ɗaya ne a duk yankin, Dokta Curtis Welch, da ma'aikatan jinya huɗu, a asibiti mai gado 25. A 1924 ya lura cewa makarin mashaƙon da ke ajiye a asibitin, na 1918, wa'adinsa ya wuce. Ya aika a kawo sabo. Jirgin ƙarshe ya zo ya tafi babu shi.

A watan Disamba aka fara kawo masa yara masu ciwon maƙogwaro. Ya ɗauka kumburin 'yan wuya ne kawai, kuma ba za a ga laifinsa sosai ba, don mashaƙo cuta ce mai saurin yaɗuwa, shi kuma bai ga ta bazu cikin gidaje ba. Wasu yaran suka rasu. Ranar 20 ga Janairu ya buɗe bakin wani yaro ɗan shekara uku ya ga wannan fatar mai launin toka da ke manne wa maƙogwaro. Wanda ya taɓa ganinta ba ya mantawa. Washegari aka kira shi kan wata yarinya 'yar shekara bakwai, ya gwada tsohon makarin a kanta, ba ta kai dare ba.

Mai karatu a Kano ko Yobe ko Damagaram ba sai an yi masa dogon bayani ba, domin mashaƙon da ta ɓarke daga ƙarshen 2022 ta shiga gidaje da yawa, kuma akasarin waɗanda ta kayar yara ne da ba a yi musu rigakafi ba. Ƙwayar cutar takan zauna a maƙogwaro, ta yi wannan fata da ke toshe numfashi, sannan ta zuba dafi cikin jini wanda ke lalata zuciya da jijiyoyi. Makarin, wanda ake tacewa daga jinin dawakin da aka saba wa jikinsu da dafin, yana kama dafin da ke yawo a jini ne kawai. Wanda ya riga ya shige cikin tsoka ya wuce. Shi ya sa jinkirin kwana ɗaya yake da tsada haka. A 1925 kuma ba a gano fenisilin ba tukuna, sai bayan shekara uku.

Akwai wani tsoro na daban a Nome. Murar da ta game duniya a 1918 da 1919 ta kashe mutum fiye da dubu a arewa maso yammacin Alaska, galibinsu 'yan asalin ƙasar, har wasu ƙauyuka suka kusa ƙarewa. Shekara shida kacal da yin wannan. Mutanen da ke zaune a taron gaggawar da aka yi a garin ba su manta da wannan ba. Aka killace gari, aka ɗora wata ma'aikaciyar jinya, Emily Morgan, kan bin gida-gida. Ranar 22 ga wata Welch ya buga tangaraho zuwa manyan garuruwan Alaska da kuma hukumar lafiya a Washinton, yana neman ma'auni miliyan ɗaya na makarin.

An tattara sama da miliyan daga asibitocin yammacin Amurka, amma sai an kai su Seattle, a sa a jirgin ruwa, tafiyar makonni. Ana cikin haka wani likita a asibitin ma'aikatan jirgin ƙasa da ke Anchorage, Dokta John Beeson, ya ce yana da ma'auni dubu 300 a ajiye. Bai isa ya kashe annoba ba, wajen mutum 30 zai yi wa. Amma zai iya riƙe ta kafin babban kaya ya iso.

Jirgin sama ko karnuka

Nan aka yi gardama, kuma ba gardamar banza ba ce. Wakilin Alaska a majalisar Amurka, Dan Sutherland, da magajin garin Nome, da wani mai jarida a Fairbanks, duk sun matsa a yi amfani da jirgin sama. A lissafinsu tafiyar awoyi ce. Sai dai jiragen da ke Alaska a lokacin tsofaffi ne na zamanin yaƙin duniya na ɗaya, matuƙi a fili yake zaune ba rufi, injin kuma da ruwa ake sanyaya shi. An ma kwance su an ajiye saboda hunturu, ƙwararrun matuƙansu sun tafi kudu. Ga shi rana ba ta wuce 'yan awoyi a sama a wannan wata.

Gwamna Scott Bone ya zaɓi karnuka, ya sha zagi a jarida. Hujjarsa mai sauƙi ce: ƙunshin nan ɗaya ne tak. Idan jirgi ya faɗi a daji, shi ke nan an rasa matuƙi, an rasa jirgi, an rasa magani. Karnuka kuwa ko sun yi jinkiri za su iso. A ganina ya yi daidai, kuma ba sai an yi dogon musu ba, domin da babban kaya ya iso a Fabrairu aka ce to bari a gwada jirgin, injin ya ƙi ba da haɗin kai kwana biyu a jere, ƙarshe dai karnukan aka sake komawa.

Shawarar farko, wadda wani shugaban kamfanin haƙar zinariya a Nome mai suna Mark Summers ya kawo, ita ce a yi tafiyar da ayari biyu kawai. Ɗaya ya taso daga Nenana, ɗaya daga Nome, su haɗu a Nulato da ke wajen tsakiya. Daga ɓangaren Nome ya zaɓi ma'aikacinsa Leonhard Seppala, ɗan Norway, wanda ya ci babbar gasar tseren karnuka ta Alaska sau uku a jere, 1915 zuwa 1917. Gwamna ya gyara shawarar: a ɓangaren cikin ƙasa a yanka hanyar gunduwa-gunduwa, kowane mutum ya yi ɗan taƙi da karnuka masu sabon ƙarfi, dare da rana ba tsayawa. Ya ba sufeton gidan waya, Edward Wetzler, umarnin ya tara mutanen.

Hanyar wasiƙu

Ba a fafe gora ranar tafiya. Abin da Wetzler ya yi shi ne buga waya da tangaraho zuwa tashoshin da ke kan hanya, domin mutanen suna nan tun da can. Hanyar Nenana zuwa Nome hanyar wasiƙu ce da ake bi duk hunturu. Tana bin Kogin Tanana a daskare har ya faɗa Kogin Yukon, ta bi Yukon zuwa Kaltag, ta haura tudu ta sauka gaɓar teku a Unalakleet, sannan ta zagaye mashigin Norton zuwa Nome. Kusan duk tafiyar yini guda akwai zango, ɗakin katako da murhu, da wurin ɗaure karnuka, da busasshen kifi a rumbu. Masu kwangilar kai wasiƙu kowa da yankinsa, ya san inda ruwa ke ɓulɓulowa a kan ƙanƙara ya jiƙa ƙafar kare, ya san kwanar da iska ke share dusa ta bar santsi. Yawancinsu a cikin ƙasa 'yan ƙabilar Atabaska ne, a gaɓar teku kuma 'yan asalin gaɓar. A kansu aka ɗora nauyin.

Ga wanda bai taɓa gani ba, keken ba shi da taya. Katako ne mara nauyi a kan dogayen sanduna biyu masu santsi, matuƙi yana tsaye a baya a kan ƙarshen sandunan, riƙe da mariƙi. Doguwar igiya ce ta miƙe gaba, karnuka a ɗaure bibbiyu a gefenta. Na dab da keke su ne ƙarfafa, su ke fizgo kaya. Na can gaba shi ne jagaba, kuma babu linzami tsakaninsa da matuƙi, murya ce kawai: a ce masa "ji" ya yi dama, a ce "ho" ya yi hagu. Idan guguwar dusa ta taso har mutum bai ganin karen da ke gabansa, murya ma ba ta da amfani. Jagaba ne ke jin tsohuwar hanya a ƙarƙashin ƙafarsa da hancinsa, matuƙi sai dai ya riƙe ya bi.

Masu wannan sana'a suna da ƙa'ida: idan sanyi ya wuce 40 ƙasa da sifili, ba a sa kare gudu, domin iskar da yake zuƙa da ƙarfi tana ji wa huhunsa. A makon nan kowa ya san ƙa'idar, kowa ya taka ta da saninsa.

Shannon ya ga dawakai sun farfasa hanyar, ramukan kofato za su yanke wa karnuka ƙafa, sai ya sauka kan kogi inda sanyi ya fi tsanani. Yana tafe yana sauka daga keke yana gudu a gefe don jini ya motsa. Ƙarfe uku na dare ya isa zangon Minto, sanyi ya kai 52 ƙasa da sifili, wasu sassan fuskarsa sun yi baƙi. Ya ɗumama maganin a gefen murhu, ya huta awa huɗu, ya bar karnuka uku da suka kasa, waɗanda daga baya suka mutu. Da sauran ya ƙarasa Tolovana, kilomita 84 daga inda ya taso. Edgar Kallands da ya karɓa daga hannunsa, da ya isa Manley Hot Springs sai da mai zango ya zuba ruwan zafi a kan safar hannunsa kafin a raba shi da mariƙin keke.

Daga nan ƙunshin ya yi ta sauya hannu a kan Yukon, kilomita talatin, arba'in, hamsin, a kowane zango a shiga da shi ɗaki ya sha ɗumi kaɗan a fito. Ba a rubuta labarin yawancinsu da tsawo ba, sunaye ne kawai a jere da nisan da kowa ya yi. Na Charlie Evans ya fito saboda asarar da ya yi. Ya taso daga Bishop Mountain da asubar 30 ga wata ba tare da ya rufa wa karnukansa na gaba fatar zomo a matsematsi ba, wurin da gashi bai da kauri. Ya ratsa hazon ƙanƙara inda ruwan Kogin Koyukuk ya fasa ya hau sama. Karnukan biyu suka faɗi. Ya ɗora su a keke, shi ya shiga gaba ya ja ayarin har Nulato. Da ya isa duka biyun sun mutu.

Lura da ranar. Kwana uku da barin Nenana magani ya riga ya isa Nulato, inda aka shirya haɗuwa da Seppala, alhali Seppala yana can nesa a gaɓar teku. A ranar kuma masu cutar a Nome sun kai 27, tsohon makarin ma ya ƙare. Sai aka ƙara mutane a sauran hanyar don kada ƙunshin ya zauna jira. Matsalar ita ce ƙauyukan da Seppala ke ratsawa babu waya. Ba wanda ya iya gaya masa an canja shiri.

Seppala da Togo

Togo shi ne jagaban karnukan Seppala, kuma sunan ba shi da alaƙa da ƙasar Togo ta nan yammacin Afirka. Sunan wani babban hafsan sojan ruwan Japan ne aka sa masa. Ƙaramin kare ne, bai fi kilo 22 ba, daga irin karnukan Siberiya da aka fara shigowa da su Nome a 1908 mutane suna yi musu dariya saboda ƙanƙanta. Yana ɗan kwikwiyo mai yawan ciwo da fitina ne, har Seppala ya bayar da shi kyauta, ya fasa gilashin taga ya dawo. A 1925 shekararsa 12, tsoho ne a lissafin karnuka. Seppala kuma yana da 'ya ɗaya, 'yar shekara takwas, tana cikin garin da aka killace.

Ya yi kilomita 274 daga Nome, yana sauri don a zatonsa akwai sauran tafiya mai tsawo a gabansa. Ranar 31 ga wata, a wajen ƙauyen Shaktoolik, ya hangi wani mutum yana fama da karnukansa da suka sarƙe da igiya saboda sun ga barewar ƙasar sanyi. Seppala bai yi niyyar tsayawa ba. Mutumin, Henry Ivanoff, ya yi ta ɗaga hannu yana ihu cikin iska cewa maganin yana wurinsa. Saura ƙiris su wuce juna. A duk tafiyar nan, wannan ne wurin da tsari ya ƙare, sa'a ta karɓa, kuma laifin na shirin ne: an canja magana ba tare da hanyar sanar da mutumin da abin ya fi shafa ba.

Seppala ya juya da karnukan da tun safe suke gudu. Gabansa zaɓi biyu ne. Ko ya bi gaɓa ya zagaye mashigin Norton, ya ƙara kwana guda, ko ya yanke ta kan tekun da ta daskare. Ƙanƙarar teku ba kamar ta kogi ba ce. Ruwa yana motsi a ƙarƙashinta, kuma idan iska ta taso daga tudu takan ɓalle faifai guda ta tura shi cikin teku da duk abin da ke kansa. Ga duhu, ga guguwa tana tasowa, sanyin da iska ke kaɗawa ya kai kamar 65 ƙasa da sifili. Ya yanke ta kan teku. Togo ya ja su a miƙe cikin duhu, suka isa zangon Isaac's Point wajen ƙarfe takwas na dare. A wannan yini kaɗai karnukan sun yi kilomita 135.

Ya ba su kifi da kitse, ya ɗan runtsa, ƙarfe biyu na dare ya sake ɗaura su. Kafin nan guguwa ta farfasa ƙanƙarar da suka ratso. Sauran hanyar sai suka rakuɓe gaɓa, ƙanƙara tana tsagewa a kusa da su, sannan suka haura tsaunin da ake kira Little McKinley suka gangara Golovin. Ƙarfe uku na yammacin 1 ga Fabrairu ya miƙa wa Charlie Olson. Kilomita 146 ya yi da maganin, mafi tsawo a cikin su 20, jimillar tafiyarsa kuma 420.

Ina jinjina wa Seppala, amma ba zan ɓoye ba, caca ya yi da ƙunshin da babu na biyunsa. Hujjar da ta sa aka ƙi jirgin sama ita ce dai hujjar da za ta hana ratsa teku a daren. Bambancin kawai shi ne ya sha ratsa wurin, da safiyar ranar ma ta nan ya bi, kuma ya san karen da ke gabansa shekara da shekaru. Da ƙanƙarar ta ɓalle awoyi kaɗan kafin lokacin da ta ɓalle, da wani irin labari ake bayarwa a kansa yau.

Daren ƙarshe

A Nome Dokta Welch ya duba yadda guguwar ta yi ƙarfi ya ce a dakata. Gara magani ya makara da ya ɓata. Aka aika saƙo zangon Solomon da na Point Safety kafin wayar ta yanke.

Olson ya yi kilomita 40 zuwa Bluff, iska ta hankaɗe shi daga hanya, yatsunsa suka daskare wajen rufa wa karnukansa bargo. A Bluff Gunnar Kaasen yana jira, shi ma ɗan Norway ne, abokin aikin Seppala, kuma karnukan da ke hannunsa daga garken Seppala suke. A gaba ya sa wani baƙin kare mai suna Balto, wanda Seppala ke ɗauka karen jan kaya ne kawai, shi ya sa ma bai tafi da shi ba. Kaasen ya jira har ƙarfe goma na dare ko iska za ta lafa. Da ya ga dusa na neman binne hanyar gaba ɗaya sai ya tashi.

Bai ga zangon Solomon ba sam. Sai da ya wuce da 'yan kilomitoci ya gane, don haka saƙon dakatawa bai same shi ba. Can gaba iska ta ɗaga keken ta kifar. Da ya miƙar da shi ya laluba, babu ƙunshi. Ya cire safar hannu ya durƙusa cikin duhu yana tonon dusa da hannu tsirara har ya ci karo da shi. A Point Safety, Ed Rohn, wanda shi ne zai yi zangon ƙarshe, ya samu saƙon dakatawa ya kwanta barci, ɗaki duhu, karnuka ba a ɗaure ba. Kaasen bai tashe shi ba, ya wuce. Wajen biyar da rabi na asubar 2 ga Fabrairu ya shigo babban titin Nome bayan kilomita 85. Ko kwalba ɗaya ba ta fashe ba. Maganin ya daskare, aka narkar da shi a hankali, kafin azahar an fara yi wa marasa lafiya allura.

Har yau ana musu kan wucewar da Kaasen ya yi. Shi ya ce tashin Rohn da ɗaura karnuka zai ci lokaci, nasa kuma suna tafiya lafiya. Wasu mutanen Nome suka ce so yake a ce shi ya shigo da magani. Duka biyun suna iya zama gaskiya a zuciyar mutum ɗaya.

A hukumance mutum biyar zuwa bakwai aka rubuta sun mutu. Welch da kansa ya ce adadin bai cika ba, domin a sansanonin 'yan asalin ƙasar akan binne yara ba tare da an kai rahoto ba, kuma yana zaton akwai masu cutar aƙalla ɗari a can da ba a ƙirga ba. Kashi na biyu na maganin ya iso tsakiyar Fabrairu, da yawa daga cikin mutanen farko ne suka sake ɗaukowa, kafin ƙarshen watan aka ɗage killacewar.

Kura da shan bugu

Jaridu da rediyon Amurka sun bi tafiyar kullum, kuma suna son fuska ɗaya. Wanda ya shigo gari shi suka kama. Kafin shekara ta ƙare, a Disambar 1925, an kafa mutum-mutumin Balto a babban lambun shaƙatawa na New York, shi da kansa yana wurin. Seppala ya mutu a 1967 da wannan takaici, yana ganin an ɗauki aikin Togo an jingina wa wani kare. Sai dai ko shi ɗin ya samu rabonsa, ya zagaya Amurka da karnukansa, kuma daga irinsu ne aka yi wa karen Siberiya rajista a matsayin jinsi na musamman a 1930. Waɗanda aka bari a baya su ne 'yan asalin Alaska, da suka ɗauki ƙunshin kashi biyu cikin uku na hanyar, a cikin mafi tsananin sanyin. Sun samu lambar yabo daga kamfanin da ya yi maganin, da 'yan daloli daga gwamnati, suka koma kai wasiƙu da kamun kifi.

Suna bai yi wa Balto rana ba. Bayan an gama yayinsa aka sayar da shi da 'yan uwansa ga wani gidan nuna abubuwan mamaki a Los Angeles, suna ɗaure cikin ƙunci. Wani ɗan kasuwa daga Cleveland ya gan su, mutanen garinsa suka yi karo-karo na dala 2,000 suka fanshe su a 1927, suka ƙarasa rayuwa a gidan namun daji. Togo kuwa a jihar Maine ya tsufa, ya mutu a 1929 yana da shekara 16.

Wani abin mamaki, a ranar da magani ya shiga Nome, 2 ga Fabrairun 1925, Shugaban Amurka Coolidge ya sa hannu kan dokar da ta ba kamfanoni masu zaman kansu damar ɗaukar wasiƙu a jirgin sama. Cikin shekaru kaɗan jirage suka karɓe kwangilolin, zangunan da ba mai kwana a cikinsu suka rushe ɗaya bayan ɗaya. Mai kai wasiƙa da karnuka na ƙarshe a Alaska ya ajiye aiki a 1963, a tsibirin Saint Lawrence. Babur ɗin ƙanƙara ya zo ya kwashe abin da ya saura a ƙauyuka. Ganin karnukan na neman ɓacewa ne ya sa Joe Redington da abokansa suka fara gasar Iditarod a 1973, wadda sashenta na ƙarshe, daga Yukon zuwa Nome, yake bin sawun ƙunshin nan.

Abin da ya rage na sana'ar a yau galibi gasa ce da yawon baƙi. Baƙon da aka ba karnuka huɗu ko shida ya bi bayan jagora, abin da za a fara gaya masa shi ne kada ya saki keke ko ya faɗi, don karnukan ba za su tsaya jiransa ba. Idan an isa bukka da yamma, kafin ya cire takalmi sai ya fasa ƙanƙara ya ɗebo ruwa, ya dafa wa karnuka nama, ya shimfiɗa musu ciyawa, ya duba tafin kowane ɗaya ko ya tsage. Bayan nan ne zai ci nasa. Jagoran kuma shi ke duban sama ya ce yau ba a tashi, ko baƙi sun ji haushi. Tsarin masu wasiƙa ne aka gada, sai dai yanzu akwai wayar tauraron ɗan'adam a aljihun jagora, abin da da Seppala yana da shi ba sai Ivanoff ya yi ihu ba.

Na ƙarshe da ya rage a cikin mutum 20 ɗin shi ne Edgar Nollner, mutumin Galena a bakin Yukon. Yana ɗan shekara 20 ya ɗauko ƙunshin daga Whiskey Creek cikin dare, kilomita 39, ya iso gida ya miƙa wa ɗan'uwansa George, wanda bai daɗe da yin aure ba. George bai sauya karnuka ba, da na Edgar ɗin ya ci gaba zuwa Bishop Mountain. Edgar ya zauna a Galena har ya rasu a Janairun 1999, yana da shekara 94.